Yadda ake fitar da tsawon rafta da yankan kusurwarta kafin a hau rufi

Rufin da ya karkace ko ya yi ciki, yawanci tun daga ƙasa aka ɓata shi, wurin awo. Wannan bayani na yaron kafinta ne da ya iya riƙe zarto amma bai taɓa fitar da rafta, wato katakon da ke gangarowa daga tsinin rufi zuwa bango, da kansa ba, da kuma mai ginin da yake son ya gane abin da ake yi masa a sama. Da ƙafa da inci za mu yi aiki, don da su ake sayar da katako da kwano tun daga 'Yan Katako ta Na'ibawa har kasuwannin ƙauye irin su Gujungu da Sara.

Kayan da za ka tanada

Tef mai ƙafa 16 na awon katako, da dogon tef mai ƙafa 50 ko 100 na awon gini. Babbar sukwaya ta ƙarfe, mai hannu ɗaya inci 24 ɗayan inci 16. Fensir, igiyar layi wadda ba ta talewa, lebur, farin tiyo siriri da za a cika da ruwa, zarto mai kaifi, guduma, ƙusa inci 3 da inci 4, langa-langa ko kwata rodi na ɗaure rufi, sai waya mai kalkuleta. Idan ka kwantar da wayar a gefe, yawancinsu suna fito da alamar √, ita za ka buƙata.

Katako kuwa: tubaifo (inci 2 da 4) na wolfulet, wato katakon da ake kwantarwa a saman bango, da rafta, da taibim mai haɗa ƙafafun raftoci biyu; tubaitiri (inci 2 da 3) ko tubaitu (inci 2 da 2) na falin da ake buga kwano a kansa; da falanki na fashiya mai rufe ƙarshen raftoci. Ka sani cewa sunan katako daban, jikinsa daban. Abin da ake kira tubaifo sau da yawa inci 3½ ne ko ƙasa da haka, kuma wanda aka ce ƙafa 12 ne kan zo da ƙafa 11 da rabi, bakinsa a tsage. Ka je wurin saye da tef ɗinka a aljihu.

Lambobi uku da komai ya rataya a kansu

Kowace rafta gefe ɗaya ce ta alwatika. Kwance shi ne nisan da ke tsakanin bakin wolfulet na waje da tsakiyar gini, a miƙe kamar an shimfiɗa igiya. Tsaye shi ne yadda doron rufi ya ɗaga sama. Gangare shi ne raftar kanta. In ka san biyu, na ukun ba ya ɓuya.

Misalin da za mu bi har ƙarshe shi ne gini mai faɗin ƙafa 16 da tsawon ƙafa 30, rufi mai fuska biyu, kwano ɗan ƙafa 6.

1. Auna ginin da ke gabanka, ba wanda ke kan takarda ba

Magini ya ce ƙafa 16 ya yi, to ka gode masa, sannan ka auna da kanka. Auna faɗin a wuri uku: farko, tsakiya, ƙarshe. Bangon bulo yakan buɗe ko ya tsuke da inci ɗaya ko biyu, ginin ƙasa ya fi haka.

Daga nan ka ja tef daga kusurwa zuwa kusurwar da ke tsallake, ka sake ja ta ɗaya ɓangaren. A ginin 16 da 30, kowanne ya kamata ya ba ka ƙafa 34 cif. In ɗaya ya fi ɗaya, ginin ba a sukwaya yake ba. Ba za ka rushe bango ba, amma wolfulet a hannunka yake: bangon inci 6 yana ba tubaifo wurin matsawa inci ɗaya ciki ko waje, kuma da wannan ake cinye ƙaramin kuskure. Duba kusurwa da 3, 4, 5: ƙafa 3 a gefe ɗaya, 4 a ɗayan, tsakaninsu ya zama 5. Ninkinsu, 6, 8, 10, ya fi fito da gaskiya.

Sai lebur. Ƙaramin lebur na hannu ba zai gaya maka ko wancan ƙarshen ginin ya fi wannan tsawo ba. Cika tiyo da ruwa, ka tabbata babu kumfar iska a ciki, mutum ɗaya ya riƙe baki ɗaya a kusurwar farko, kai ka zagaya sauran kusurwoyin kana sa alama inda ruwa ya tsaya. Inda bango ya yi ƙasa a cike da siminti a ƙarƙashin wolfulet. Guntayen katako da ake cusawa, gara ce ke fara cin su.

Bayan an kafa wolfulet biyun, awon da za ka yi lissafi da shi daga bakin waje na wannan zuwa bakin waje na wancan ne. Raba shi biyu, ka sami kwance. A misalinmu ƙafa 8, wato inci 96.

2. Zaɓi gangaren rufi

Hanya mafi sauƙi ita ce a ce: a kowace ƙafa ɗaya ta kwance, inci nawa rufin zai tashi? Ga lambobin da za ka riƙa komawa gare su, ka rubuta su a bayan murfin akwatin kayan aikinka:

tashin inci 3: digiri 14, rafta inci 12.37 a kowace ƙafa
tashin inci 4: digiri 18½, inci 12.65
tashin inci 5: digiri 22½, inci 13
tashin inci 6: digiri 26½, inci 13.42
tashin inci 7: digiri 30, inci 13.89
tashin inci 8: digiri 33½, inci 14.42
tashin inci 9: digiri 37, inci 15
tashin inci 12: digiri 45, inci 16.97

Mutane da yawa a karkara suna son rufi ya kwanta sosai, wai don iska ta wuce ta sama. A gaskiya rufin da ya kwanta shi iska ta fi tsotsa sama, musamman ta bakin da ta fara bugawa, kuma hadarin farkon damina da ke tasowa daga gabas ba ya wasa da irin wannan rufi. Ban da haka, kwano ɗan ƙafa 6 yana da mahaɗa a tsakiya, in gangare ya yi kaɗan iska tana tura ruwa ya koma ta ƙarƙashin mahaɗar ya ɗiga a kan silin. Shi kuma rufi mai tsini irin na sabbin unguwannin birni yana cin katako da kwano ba don wani amfani ba sai ado. Ga gidan ƙauye, tashin inci 5 zuwa 7 ya wadatar. Za mu ɗauki 6.

Tsaye ke nan: 8 sau 6, inci 48, ƙafa 4.

3. Fitar da tsawon rafta

Hanya uku ce. Ka yi biyu daga ciki, su gaskata juna.

Ta lissafi: ninka kwance da lambar da ke jerin sama. 8 sau 13.42 ya ba da inci 107.3. Ko kuma ka ninka kwance da kansa, 8 sau 8, 64; tsaye da kansa, 4 sau 4, 16; haɗa su, 80; danna √ ka sami 8.944.

A nan ne ake yawan faɗawa rami. 8.94 ba ƙafa 8 da inci 9 ba ne. Kalkuleta goma-goma take ƙirga, ƙafa kuwa inci 12 ce. Ɗauki abin da ke bayan ɗigo, 0.944, ka ninka da 12, ka sami inci 11.3. Don haka tsawon ƙafa 8 ne da inci 11 da kusan sulusi, a tef 8 da 11 5/16. Wanda ya yanka a 8 da 9 ya rage fiye da inci biyu a kowace rafta. Maganin wannan shi ne tun farko ka mayar da komai inci ka yi lissafi da shi: 96 da 48.

Ta takawa da sukwaya: ɗora sukwaya a kan katakon yadda lamba 12 ta dogon hannu da lamba 6 ta gajeren hannu za su faɗa daidai a bakin katakon na sama. Ja layi, matsar da sukwayar yadda 6 za ta hau inda 12 ta tsaya, ka sake. Taku takwas ke nan, ƙafa takwas na kwance. Illar wannan hanya kaurin fensir ne: in kowane taku ya ci 1/16, taku takwas sun ci rabin inci. Fiƙe fensir, kuma ka gwada sakamakon da tef.

Ta shimfiɗawa a ƙasa, ga wanda ba shi da sukwaya ko waya: nemi fili shafaffe, ko daɓen ɗakin kansa in an zuba. Kafa turaku biyu ƙafa 16 tsakaninsu, ɗaura igiya. Daga tsakiya fitar da layi a miƙe da 3, 4, 5, auna ƙafa 4 a kansa ka kafa turke na uku. Nisan da ke tsakanin wannan turke da ɗaya daga cikin na farko shi ne raftarka. Wannan hanya ba ta ƙarya muddin igiyar ba ta talewa, kuma a kan wannan zanen za ka harhaɗa alwatikar gwaji, don haka kar ka cire turakun.

In zanen da aka ba ka da mita da digiri yake, ninka kwance da 1.064 don digiri 20, da 1.103 don 25, da 1.155 don 30. Tsaye kuma ka ninka kwance da 0.364, ko 0.466, ko 0.577 bi da bi.

4. Ƙara leɓen rufi, kuma ka tuna da kwano

Tsawon da muka samu ya tsaya ne a bakin wolfulet. Leɓen da zai fita waje ya kare bango daga ruwa sai an ƙara shi. Shi ma a kwance ake faɗinsa, a gangare ake yankansa. In kana son leɓe ya fita ƙafa 2 daga bango, 2 sau 13.42, inci 26.8 za ka ƙara a jikin rafta, ba 24 ba. Jimla inci 134, ƙafa 11 da inci 2.

Kafin ka amince da wannan lamba, gwada ta da kwano. Kwano biyu 'yan ƙafa 6 inci 144 ne. Na ƙasa zai wuce ƙarshen rafta da inci 3, ɗaya kaurin fashiya, biyu don ruwa ya sauka nesa da ita. Abin da za a rufe 137 ke nan, saura inci 7 na hawan juna. Daidai ne, don mahaɗa ba ta kamata ta gaza inci 6 ba. Da mun bar leɓen a ƙafa ɗaya da rabi, da kwanon ya hau juna da wajen inci 14, an biya kuɗin ƙarfen da ba ya rufe komai. Da kuma mun kai tashin inci 8 da leɓe ƙafa 2, raftar za ta kai inci 144, kwano biyu ba za su isa ba, katako ɗan ƙafa 12 ma ba zai isa ba, sai yanke-yanke da jone-jone. Kafinta mai tausayin aljihun mai gini yana daidaita gangare da leɓe har su dace da kwano da katakon da ke kasuwa. Wanda zai sa dogon kwanon alminiyom da ake yankowa a kan oda, wannan bai dame shi ba.

Kada leɓe ya wuce ƙafa 2 a fili mai iska. Ta ƙarƙashinsa iska ke shiga ta ɗaga rufin. Ginin ƙasa yana son leɓe mai faɗi don kare bango, to in za a wuce haka sai a rufe ƙasan leɓen kuma a ƙara ɗauri.

5. Zana raftar farko

Zaɓi katakon da ya fi kowanne miƙewa, shi zai zama ma'auni. Ɗaga shi ka leƙa ta tsawonsa kamar mai saita bindiga. Kusan kowane katako yana da ɗan doro. Doron ya kalli sama, nauyin rufi zai danne shi ya miƙe. In ka juya shi ƙasa, rufin ya yi ciki tun ranar farko.

Duk awo a bakin katakon na sama ake yi, kada ka fara a sama ka ƙarasa a ƙasa.

Yankan kai: kusa da ƙarshe, ɗora sukwaya 12 da 6 kamar ɗazu, ja layi ta gefen gajeren hannu, wanda ke da 6. Wannan layi shi zai tsaya a tsaye sak idan rafta ta hau. Layin da aka ja ta gefen 12 kuwa shi ne mai kwanciya. Rikita waɗannan biyun kuskure ne da kusan kowane sabon hannu ke yi sau ɗaya. In kana shakka, jingina katakon a bango a gangarensa ka duba wane layi ne ya tsaya kamar igiyar da aka rataya wa dutse.

In babu babbar sukwaya, yanko alwatika daga filawud ko falanki: gefe ɗaya inci 24, ɗayan inci 12, kusurwar da ke tsakaninsu a sukwaya. Buga siririn katako a gefenta na uku, na gangare, don ya riƙa zamewa a bakin rafta. Gajeren gefe zai ba ka layin tsaye, mai inci 24 ya ba ka na kwance. Yawancin lokaci ta fi sukwayar sauri ma.

In raftocin biyu za su haɗa kai da kai, babu ragi. In akwai falanki a tsakaninsu da ke bin doron rufi, rage rabin kaurinsa daga kowace rafta: rabin inci ga falanki mai inci ɗaya. A kwance ake auna ragin, wato a miƙe daga layin tsaye, ba ta bin tsawon katakon ba.

Daga tsinin layin kai, auna inci 107 5/16 a bakin sama, sa alama, ja wani layin tsaye. Wannan layin bango ne, nan bakin wolfulet na waje zai tsaya. Daga shi auna inci 26 13/16, ja layin tsaye na uku, shi ne yankan wutsiya inda fashiya za ta kwanta.

6. Gurbin zama

Rafta tana gangare, wolfulet yana kwance, in ba a ƙwaƙule mata gurbi ba a kan kaifi ɗaya kawai za ta zauna, ƙusa ce kaɗai ke riƙe da ita. Gurbin yanka biyu ne: na tsaye a kan layin bango, da na kwance da zai zauna a saman wolfulet.

Ƙa'ida ita ce zurfin gurbi kada ya wuce kashi ɗaya cikin uku na faɗin katakon. Ga tubaifo a tashin inci 6, daga bakin ƙasa ka hau inci 1¼ a kan layin bango, daga nan ka ja layin kwance zuwa cikin gini har ya fita ta bakin katakon. Zai ba ka wurin zama mai inci 2½. Wasu suna ƙwaƙulewa har rafta ta rufe faɗin wolfulet gaba ɗaya don ya yi kyan gani. Abin da ya rage na katakon a wurin da kaɗan ya wuce rabi, kuma daidai nan leɓen ke karyewa ranar da iska ta taso. Haka nan kada zarto ya zarce mahaɗar layukan biyu, tsagewa daga nan take farawa.

Auna abin da ya saura a kan layin bango daga gurbi zuwa bakin sama. In katakon cikakken inci 4 ne, wajen inci 3¼ za ka samu. Wannan lamba tana da amfani biyu. Na farko, dole ta zama ɗaya a kan kowace rafta. In wani katako ya fi wani faɗi, daga sama za ka auno 3¼ ɗin, bambancin ya tafi cikin gurbi, saman rufin ya fito a shafe. Na biyu, tsinin rufi daga saman wolfulet ba inci 48 ba ne, 48 ne da 3¼, wato 51¼. Wanda ya yanka kinfos, wato katakon da ke tsaye daga tsakiyar taibim zuwa tsini, a ƙafa 4 daidai zai ga raftoci sun ƙi zama a gurbinsu ya rasa dalili. Bar kinfos da tsawonsa, a datse shi bayan an haɗa.

7. Gwada biyu kafin ka yanka sauran

Yanka ma'aunin, rubuta masa suna a jiki, zana ta biyu da shi. Kai su kan zanen da ka yi a ƙasa, sa guntun tubaifo biyu a matsayin wolfulet, ƙafa 16 daga waje zuwa waje, ka haɗa. Kan raftocin ya haɗe ruf, gurbi biyun su zauna.

In kai ya buɗe ta sama ya haɗe ta ƙasa, ko dai tsawon raftocin ya yi yawa ko kusurwar yankan ta yi kaɗan. In ya buɗe ta ƙasa, akasin haka ne. Sake auna tsakanin gurbi da gurbi kafin ka taɓa zarto, sau da yawa laifin yana can. In komai ya zauna a ƙasa, ɗaga biyun a gwada su a saman ginin a ƙarshe biyu da tsakiya.

Sauran raftoci duka da ma'aunin farko za a zana su. In ka zana ta uku da ta biyu, ta huɗu da ta uku, kafin ka kai ta goma sha takwas ta ƙaru da abin da ido zai gani daga titi.

8. Yawan alwatika, taibim da falin

Tazarar alwatika da alwatika kada ta wuce ƙafa 4 in falin tubaitiri ne. In tubaitu ne a dawo ƙafa 3. Ƙafa 30 a raba 4 ya ba da 7 da rabi, sai a ɗaga zuwa tazara 8, alwatika 9, rafta 18. Inci 360 a raba 8, kowace tazara inci 45. Sa alamar a kan wolfulet biyun daga ƙarshe guda, kada ɗaya a fara daga gabas ɗayan daga yamma.

Taibim ba na rataya silin ba ne kawai. Nauyin rufi yana tura ƙafafun raftoci waje, taibim ke riƙe su. In babu shi, bango ne ke karɓar turin, kuma bangon ƙasa ko bulon inci 6 zai tsage ta sama. Ƙafa 16 ta fi katako ɗaya, don haka za a yi joni: su hau juna ƙafa 3, ƙusa inci 4 ta fuska biyu a warwatse ba a layi ɗaya ba, kuma in akwai bangon ciki jonin ya faɗa a kansa. Daga gindin kinfos a tayar da tokara zuwa tsakiyar kowace rafta.

Falin layi biyar a kowace fuska: ɗaya a wutsiya, ɗaya inci 3 ko 4 ƙasa da tsini, ɗaya a inci 65 zuwa 66 daga wutsiya don ya faɗa tsakiyar mahaɗar kwano, sai ɗaya a tsakanin kowane biyu. Wannan na mahaɗa shi ake fara aunawa, in ya kuskure ƙusa iska za ta kama.

Kafa alwatikar farko da ta ƙarshe, tsayar da su da lebur, tokare su, ja igiya daga tsini zuwa tsini, sauran su bi igiya. Wutsiyoyi ma da igiya ake duba su kafin a buga fashiya. Wasu kafintoci suna barin yankan wutsiya sai an hau, su ja layi ɗaya su datse duka, kuma a ginin da bangonsa bai miƙe ba wannan ya fi.

Duk inda zarto ya ci, a shafa maganin gara ko baƙin mai, har cikin gurbi. Wolfulet a ɗaure shi da rodin da aka binne a cikin linta, kowace rafta kuma a lanƙwasa mata langa-langa ta rungume ta da wolfulet. A ginin ƙasa, wayar ɗauri ta sauka cikin bango sosai, nauyin ginin da ke samanta shi ke riƙe rufin.

9. In rufin gefe ɗaya ne

Shi ya fi yawa a ɗakunan ƙauye da shaguna. Lissafin ɗaya ne, sai dai ba a raba faɗi biyu: kwance shi ne dukan nisan daga wolfulet na ƙasa zuwa na sama. Kwance ƙafa 10 a tashin inci 3 yana son bangon baya ya ɗara na gaba da inci 30, kusan layin bulo uku ke nan, tunda kowane layi da simintinsa wajen inci 10 ne. Rafta inci 123¾, da leɓen ƙafa ɗaya ta kai 136.

Wannan magana da magini ake yinta tun kafin ya sauke kayansa. Abin da aka saba gani shi ne ya ƙara layi ɗaya kacal, inci 10 a ƙafa 10, bai kai digiri 5 ba. A watan Agusta irin wannan rufi ke yoyo ta kowace mahaɗa, in kuma an kewaye shi da rawani ruwa ya taru a bakin indararo. Tubaifo kuma ba ya ɗaukar ƙafa 10 babu tokara sai ya lotsa, a sa tubaisis (inci 2 da 6) ko a gitta masa katako a tsakiya.

10. In rufin fuska huɗu ne

Ya fi jure iska, ya kuma fi cin lissafi. Doron rufi tsawon gini ne a cire faɗi: 30 a cire 16, ƙafa 14. Cikakkiyar alwatika ta farko tana tsayawa ƙafa 8 daga kowane ƙarshe, daidai da kwance.

Raftar kusurwa tana tafiya a karkace, duk ƙafa ɗaya da raftar gefe ta ci, ita tana cin kusan inci 17. Saboda haka a sukwaya 17 da 6 za ka riƙe mata, ba 12 da 6 ba, kusurwarta ta sauko digiri 19½. A tashin inci 6 lissafinta ya faɗo da daɗi: inci 18 cif a kowace ƙafa. 8 sau 18, inci 144, ƙafa 12 zuwa kusurwar bango, leɓe ya ƙara inci 36, jimla ƙafa 15. Sai an yi joni, kuma jonin ya zauna a kan tokara. Tubaisis ya fi dacewa da ita, don gajerun raftoci na fuska biyu duk a jikinta suke rataye.

Gajerun kuwa da 12 da 6 ake zana su kamar sauran, gurbinsu da wutsiyarsu iri ɗaya, tsawo ne kawai ke raguwa da lamba guda: in tazara ƙafa 2 ce kowace tana gaza ta gabanta da inci 26 13/16, in ƙafa 4 ce da inci 53 11/16. Kansu yana son yanka a karkace don ya kwanta a jikin raftar kusurwa. Ja layin tsaye a fuska ɗaya, zagaya da shi ɗaya fuskar, matsa baya a kwance daidai kaurin katakon, ja layin tsaye na biyu, haɗa su ta sama, ka bi da zarto. Biyu-biyu ake yin su, ta dama da ta hagu, kuma a buga su tare, in ka jera na gefe ɗaya kaɗai za su tura raftar kusurwa ta lanƙwashe.

Kafin a buga raftar kusurwa dindindin, ja igiya daga saman cikakkiyar rafta ta tsallaka kanta. In gefunanta sun ɗaga igiyar, ƙara zurfin gurbinta kaɗan-kaɗan ko ka fere gefunan, har falin na fuska biyun ya kwanta a kanta ba tare da ya yi tozo ba.